Rubutun masana kan rikicin ECOWAS da Nijar: wa zan bi a cikinsu?

Tambaya:

Assalamu alaikum Malam, da fatan kana lafiya, ya iyali ya ɗalibai. Ni ɗaliba ce ina mastas a fannin hulɗar ƙasa da ƙasa, kundina kuma a kan rikicin ECOWAS da Nijar ne bayan juyin mulkin 2023. Wallahi Malam kaina ya kulle. Na karanta maƙaloli sun fi ashirin, wannan ya ce ECOWAS ce mai gaskiya don dimokuraɗiyya take karewa, wancan ya ce Faransa ce ta zuga ta, wani kuma ya ce ai dama ƙungiyoyin nan duk suna ne kawai, ƙarfi ne ke aiki a duniya. Malamin da ke duba aikina ya ce sai na zaɓi ra'i ɗaya na ɗora aikin a kai. Ni kuma mahaifiyata 'yar Maraɗi ce, na ga abin da rufe boda ya yi wa danginmu da idona, amma ban ga wannan a cikin takardun da nake karantawa ba. To wa zan bi? Kuma wai rubutun masanan nan yana da wani amfani ga masu mulki, ko a laburare kawai yake ƙarewa?

Amsa:

Wa alaikumus salam ƙanwata, lafiya lau alhamdulillahi, Allah ya ba da sa'ar karatu. Tambayar nan taki ta yi min daɗi sosai, musamman maganar Maraɗi, amma ita zan bar ta sai daga baya don ita ce babbar dukiyar da ke hannunki ko da yake ke kina ganin kamar ba ta cikin karatu.

Abu na farko, ki koma kan takardu ashirin ɗin nan ki tsince su kamar yadda ake tsintar shinkafa. Na tabbata fiye da rabi ba bincike ba ne, sharhi ne. Sharhi ba laifi ba ne, farfesa ma yana rubuta shi a jarida, kuma wani lokacin yana da kaifi, amma sharhi amsa yake bayarwa ga tambayar "wa ke da gaskiya", shi kuwa bincike tambayarsa ita ce "me ya sa abin ya faru haka bai faru ta wata hanya ba". Alamar da za ki gane bincike da ita mai sauƙi ce: marubucin ya faɗi inda ya samo hujjarsa, ya faɗi yadda ya tattara ta, ya kawo maganar waɗanda suka saɓa masa ba tare da ya murɗe ta ba, kuma in kin karanta da kyau za ki iya cewa to da abu kaza ne ya faru da maganarsa ta rushe. Duk takardar da babu wani abu a duniya da zai iya ƙaryata ta, wannan wa'azi ce, ki ajiye ta gefe guda ki yi amfani da ita a matsayin misalin yadda mutane suka ɗauki rikicin. Sunan cibiya ko girman digirin marubuci ba ya canza wannan.

To sai maganar ra'i. Malaminki yana da gaskiya, sai dai ɗalibai da yawa suna fahimtar maganar a karkace, suna ɗauka ra'i kamar jam'iyya ne da za ka yanki kati ka kare ta ko ta halin ƙaƙa. Ra'i tocila ce, inda kika haska nan za ki gani, sauran ɗakin yana cikin duhu. Bari mu haska su a kan Nijar ɗin ki ga abin da nake nufi.

Masu cewa ƙarfi ne ke aiki, su ne a aji ake kira riyalis, kuma manyansu biyu da ba za ki guje musu ba su ne Hans Morgenthau da littafinsa na 1948 da Kenneth Waltz da nasa na 1979. Tushen maganarsu shi ne duniya ba ta da sarki, babu ɗan sandan da ƙasa za ta kira in an taka ta, don haka kowace ƙasa tsaronta da muradinta take sawa a gaba, maganar doka da ƙa'ida tana biyo baya. Wannan tocilar tana haska wani abu na gaske. Kafin sojoji su tsare shugaban Nijar Mohamed Bazoum ranar 26 ga Yuli 2023, an riga an yi juyin mulki a Mali a 2020 da 2021, a Gini a 2021, a Burkina Faso sau biyu a 2022. Shugabannin farar hula da suka taru a Abuja ranar 30 ga Yuli suka ba sojojin Nijar wa'adin mako ɗaya su mayar da Bazoum kan mulki ko a yi amfani da ƙarfi, kowannensu yana da barikin soja a bayan gidansa, in gemun ɗan'uwanka ya kama da wuta ai sai ka shafa wa naka ruwa. Kuma riyalis zai ce miki ki kwatanta da Gambiya: a Janairun 2017 da Yahya Jammeh ya ƙi sauka bayan ya faɗi zaɓe, sojojin ECOWAS suka taka ƙasar, cikin 'yan kwanaki ya hau jirgi ya tafi Ikwatoriyal Gini. Gambiya ƙasa ce siririya da Senegal ta kusan zagaye ta, mutanenta wajen miliyan biyu a lokacin. Nijar kuwa faɗinta ya haura murabba'in kilomita miliyan ɗaya da dubu ɗari biyu, ta fi Najeriya girman ƙasa, sojojinta sun shekara da shekaru suna yaƙi a Diffa da Tillaberi, ga Mali da Burkina sun fito ƙarara sun ce duk wanda ya taɓa Nijar ya taɓa su, Aljeriya ta ce ba ta yarda da yaƙi a maƙwabtanta ba. Ƙa'idar ɗaya ce a takarda, lissafin ƙarfin ne ya bambanta. Har nan riyalis ya yi kyau.

Amma ga inda yake tuntuɓe. In ƙarfi ne kaɗai, Najeriya ta ninka Nijar a yawan jama'a da kuɗi da soja da jiragen yaƙi, ga ta da goyon bayan Senegal da Kwaddibuwa da Benin, ranar 10 ga Agusta ma har aka ba da umarnin ɗaura ɗamarar rundunar ko-ta-kwana. To me ya hana a tafi? Riyalis na asali yana kallon ƙasa kamar dunƙulallen dutse mai murya ɗaya, ba ya leƙa cikinta, kuma abin da ya hana yaƙin nan wani kaso mai yawa nasa a cikin Najeriya yake.

Sai masu cewa ƙungiyoyi da yarjejeniyoyi suna da tasiri, waɗanda Robert Keohane ya fi kowa tsara maganarsu a 1984. Su ba cewa suke ƙasashe suna da kirki ba, cewa suke ko mai son kansa yana gane cewa zama da ƙa'ida ya fi arha, don yana rage zargi da tsadar ciniki kuma kowa ya san abin da zai tarar gobe. ECOWAS kanta misali ce mai kyau. An kafa ta a Legas ranar 28 ga Mayu 1975, Gowon da Eyadema na Togo su ne suka yi ta yawo suna haɗa kan shugabanni, kuma asalinta kasuwanci ne zalla, yarjejeniyar zirga-zirga ba biza ta zo a 1979. Yaƙin Laberiya ne ya ja ta cikin harkar tsaro da rundunarta ta ECOMOG a 1990, sannan Saliyo, daga baya aka rubuta abin a doka, yarjejeniyar Lome ta 1999 kan rigakafin rikici da ta Dakar ta 2001 wadda ta ce ba za a lamunci karɓar mulki ta hanyar da ta saɓa wa tsarin mulki ba. Kin ga kenan wa'adin da aka ba Janar Tiani, shugaban sojojin da suka karɓi mulki a Nijar, yana da takardar da ya dogara a kai, Nijar ma ta sa hannu a kanta. Raunin wannan mazhaba a nan shi ne ƙa'ida tana rayuwa ne da yardar mutane cewa ana aiki da ita a kan kowa. A 2015 an kawo shawarar a taƙaita mulki zuwa wa'adi biyu a duk yankin, Togo da Gambiya suka ƙi, aka bar maganar. A 2020 Alpha Conde a Gini da Alassane Ouattara a Kwaddibuwa suka yi tazarce karo na uku, ba a ji takunkumi ba. Talaka a Yamai ko Bamako ya ga wannan, shi ya sa da aka zo ana masa maganar dimokuraɗiyya ya ce to dama juyin mulki sai na mai kaki ne kawai ake gani? Mali da Burkina Faso da Nijar suka kafa ƙawancen ƙasashen Sahel, wato AES, ranar 16 ga Satumba 2023, suka sanar da ficewa daga ECOWAS ranar 28 ga Janairu 2024, ficewar ta tabbata ranar 29 ga Janairu 2025. Duk da haka kar ki yi saurin cewa mazhabar ta faɗi, don a ranar da ficewar ta tabbata ECOWAS ta ce za a ci gaba da karɓar fasfo da katin shaidar 'yan ƙasashen uku kuma a ci gaba da barin mutane da kaya suna wucewa har sai an daidaita. An raba gari a siyasa amma kowa ya ji tsoron taɓa zirga-zirga, wannan hujja ce babba a hannun su Keohane.

Yanzu ga wanda ni a ganina ya fi dacewa da aikinki, kuma in da ni ke duba ki shi zan ce ki ɗauka. A 1988 wani masani Ba'amurke, Robert Putnam, ya rubuta maƙala inda ya ce duk shugaban da ke tattaunawa da ƙasashen waje a kan tebur biyu yake wasa lokaci guda, ɗaya da takwarorinsa na waje, ɗaya da mutanen gida, kuma duk abin da ya amince da shi a teburin waje sai teburin gida ya iya haɗiye shi, in ba haka ba ya zama maganar fatar baki. Ki ɗora wannan a kan makonni biyun farko na Agustan 2023 ki gani. Tinubu bai cika wata uku a mulki ba, ranar 9 ga Yuli aka ba shi shugabancin ECOWAS a Bisau, ya cire tallafin mai mutane suna cikin raɗaɗi, shari'ar zaɓensa tana kotu, kuma ƙuri'un Arewa suna da babban kaso a nasararsa. Jihohi bakwai ne suke iyaka da Nijar, Kebbi da Sakkwato da Zamfara da Katsina da Jigawa da Yobe da Borno, iyakar kuma wajen kilomita 1,500 ce. Da ya kai maganar tura soja Nijar gaban Majalisar Dattawa, sanatocin Arewa suka fito suka ce ba su yarda ba, ranar 5 ga Agusta majalisar ta ba da shawarar a bi hanyar siyasa da lalama. Limamai suka ɗauki maganar a huɗubar Juma'a, 'yan kasuwa suka yi ta kuka, gidajen rediyon Hausa kullum maganar kenan. Sannan ki duba su wa suka iya shiga Yamai a lokacin da ƙofa take rufe: tawagar farko ta Janar Abdulsalami Abubakar da Sarkin Musulmi Sa'ad Abubakar ba ta samu ganin Tiani ba a zuwan farko, amma Muhammadu Sanusi na biyu ya gan shi ranar 9 ga Agusta, tawagar malamai ƙarƙashin Sheikh Abdullahi Bala Lau ta zauna da shi 'yan kwanaki bayan haka. Rawani da malanta suka buɗe ƙofar da takardar diflomasiyya ta kasa buɗewa. Wannan abu ne da ya cancanci babi guda a kundinki.

Kuma teburin gida ba a ɓoye yake ba, sojojin Yamai suna jin Hausa, suna sauraron rediyon da muke saurara. Thomas Schelling, wanda ya yi suna kan nazarin barazana a zamanin yaƙin cacar baka, ya nuna cewa barazana tana aiki ne kawai in wanda ake yi wa ya yarda za a aikata. Ranar da wa'adin mako ɗaya ya cika ba a ga komai ba, kuma kowa ya ji abin da sanatoci suka ce, daga ranar barazanar ta fara zubewa, duk taron hafsoshin da aka yi bayan nan a Accra bai dawo mata da nauyinta ba.

Sai takunkumi, wanda nan ne maganar danginki take shigowa kai tsaye. An rufe iyakoki, an dakatar da hulɗar kuɗi, an riƙe kadarorin gwamnatin Nijar a babban bankin yankin sefa, Najeriya ta yanke wutar da take turawa wadda ita ce wajen kashi 70 cikin ɗari na wutar da Nijar ke amfani da ita, Benin ta rufe hanyar Kwatano da mafi yawan kayan Nijar ke bi. Masana sun daɗe suna faɗa da juna kan ko takunkumi yana aiki, kuma wannan faɗan ki karanta shi da kyau don shi ne zai koya miki yadda ake gardama ta ilimi. Wasu masana uku a Amurka, Hufbauer da Schott da Elliott, sun tattara takunkumai 115 na ƙarni na ashirin suka ce wajen kashi ɗaya cikin uku sun yi nasara. A 1997 Robert Pape ya bi misalan nan 40 da aka ce sun yi nasara ɗaya bayan ɗaya, ya ce biyar ne kawai suka tsaya da ƙafarsu, sauran ko dai ƙarfin soja ne ya yi aikin ko kuma ba a samu abin da aka nema ba. Kin ga bai zage su ba, bai ce 'yan amshin shatan wani ba ne, hujjarsu ya ɗauka ya auna. Tun kafin su ma, a 1967, Johan Galtung ɗan Norway ya yi nazarin takunkumin da aka sa wa Rodeshiya ya nuna cewa matsin da ake sa ran zai sa jama'a su juya wa gwamnati baya yana iya haɗa kansu a bayanta, don sai su ga ai daga waje ake cutar da su. Wanda ya ga cincirindon da aka yi a filin wasa na Seyni Kountche a Yamai don goyon bayan sojojin cikin Agustan 2023 ya ga abin da Galtung yake faɗa. Ranar 24 ga Fabrairu 2024 ECOWAS ta ɗage takunkumin, Bazoum yana tsare, sojoji suna kan mulki. Ni ra'ayina a fili yake, an yi kuskure wajen yanke wuta da toshe hanyar abinci da magani, don mai ciwon suga a Zinder da mai sayar da albasa a Illela su suka biya kuɗin, kuma duk wanda ya karanta abin da aka rubuta shekaru hamsin da suka wuce zai iya hango hakan. Wannan ba yana nufin juyin mulkin daidai ne ba, tsare zaɓaɓɓen shugaba da iyalinsa ba tare da shari'a ba zalunci ne, kuma ina so ki iya riƙe maganganun nan biyu a hannu ɗaya.

Maganar Faransa kuwa ki taka a hankali. Abin da yake tabbas: Faransa tana da sojoji wajen 1,500 a Nijar a lokacin, a lokacin kuma kamfaninta Orano yana haƙar yuraniyom a Arlit, Macron ya fito fili ya goyi bayan matsayin ECOWAS ya ƙi amincewa da sojojin da suka yi juyin mulkin, sai a ƙarshen Satumba jakadansa ya bar Yamai, sojojin Faransa kuma suka gama fita a Disamba 2023. Wato Faransa tana da muradi kuma muradinta ya zo ɗaya da na ECOWAS. Amma haɗuwar muradi daban, ba da umarni daban, kuma a kundin digiri in kika ce wane ya sa wane sai kin kawo takarda ko shaidar wanda ya zauna a ɗakin. Sannan tarihi yana da nasa nauyin: a yaƙin basasarmu Faransa ta taimaki Biyafara da makamai, Kwaddibuwa da Gabon suka amince da ita a matsayin ƙasa, alhali Diori Hamani na Nijar ya tsaya tare da gwamnatin tarayya, kuma masana da dama sun nuna cewa ɗaya daga dalilan da suka sa Najeriya ta dage kan kafa ECOWAS shi ne rage tasirin Faransa a maƙwabtanta. Abin da za ki iya nazari cikin kwanciyar hankali shi ne yadda zargin kansa ya yi aiki, yadda kalmar "'yan koren Faransa" ta kwance wa ECOWAS zani a kasuwa ko da hujja ko babu.

Kin tambaya ko rubutun masana yana isa kunnen masu mulki. Yana isa, amma ba ta hanyar da ɗalibi yake zato ba, ba wai shugaba zai zauna ya karanta mujallar ilimi ba. Yana isa ne ta mutane da kuma ta kalmomin da suke zama ruwan dare. An kafa cibiyar nazarin harkokin ƙasashen waje ta Najeriya a Legas tun 1961, Farfesa Bolaji Akinyemi ya shugabance ta daga 1975 zuwa 1983 sannan ya zama ministan harkokin waje a 1985, a zamaninsa aka kafa shirin tura ƙwararrun Najeriya su yi aiki a wasu ƙasashen Afirka da Karebiyan a 1987. Farfesa Ibrahim Gambari daga ajin koyarwa a Jami'ar Ahmadu Bello ta Zariya ya bi ta wannan cibiyar ya zama minista a 1984, kuma da sunansa ake danganta tsarin nan na da'irori, wato manufar waje ta fara da tsaron Najeriya da maƙwabtanta na jiki, sannan Afirka ta Yamma, sannan Afirka, sannan duniya. Ki lura da kyau, a wannan tsarin Nijar tana da'irar farko, ECOWAS tana ta biyu. In kika auna abin da aka yi a 2023 da wannan ma'aunin za ki ga an fifita da'ira ta biyu a kan ta farko, kuma an ga sakamakon a fagen tsaro, don a Maris 2025 Nijar ta sanar da janyewa daga rundunar haɗin gwiwa ta yankin Tafkin Chadi mai hedikwata a Njamena, wadda ake yaƙar Boko Haram da ita. Kin ga ma'aunin da masanin gida ya ƙera ya ba ki tambayar da Waltz ba zai ba ki ba. Kuma kar ki ɗauka rubutu kan yaƙi da sulhu tsakanin ƙasashe Turawa ne suka kawo mana shi, wasiƙun da Muhammadu Bello da Shehu al-Kanemi na Borno suka yi ta musaya a farkon ƙarni na 19 gardama ce kan yaushe ya halatta wata daula ta ɗauki makami a kan maƙwabciyarta da sunan gyara, kowanne yana kawo hujja yana warware ta ɗan'uwansa. Kusan tambayar da aka yi ta yi a Abuja kenan.

To mu dawo Maraɗi. Dalilin da ya sa ba ki ga danginki a takardun nan ba shi ne fannin namu tun da aka kafa masa kujerar farko a Aberystwyth ta Birtaniya a 1919 idonsa yana kan fadar shugabanni da ma'aikatun waje da hafsoshi, kuma yawancin masu rubutu kan Sahel daga Paris ko Washington ko Landan suke yi, in sun zo ma a otal ɗin babban birni suke tsayawa, wasu kuma masu ba su kuɗin binciken tambayarsu ita ce ta'addanci da 'yan ci-rani da Rasha. Ba ƙarya suke yi ba, tocilarsu ce take kallon can. Amma akwai waɗanda suka kalli iyaka daga ƙasa. Farfesa Anthony Asiwaju ya yi aiki mai yawa kan al'ummun da iyakokin mulkin mallaka suka raba biyu, William Miles kuma ya zauna a ƙauyuka biyu na Hausawa maƙwabtan juna, Yardaji a ɓangaren Najeriya da Yekuwa a ɓangaren Nijar, ya fitar da littafi a 1994 kan yadda Ingila da Faransa suka raba ƙasar Hausa da abin da rabuwar ta haifar. Ki nemi waɗannan. Ki nemi ayyukan cibiyar LASDEL ta Yamai ma, suna bincike na zama da mutane, sai dai yawanci da Faransanci suke, kuma gaskiya duk mai son rubutu kan Nijar da Turancin Ingilishi kaɗai da ido ɗaya yake gani, ko da taimakon wani ne ki karanta abin da 'yan Nijar suka rubuta da kansu.

Ga yadda nake ganin za ki yi. Take kamar "ECOWAS da rikicin Nijar" ya yi faɗi, shekara goma ba ta isa ba. Ki matse shi ya koma tambaya ɗaya, misali ta yaya matsin lamba daga al'ummun kan iyaka ya shafi matakin Najeriya tsakanin 30 ga Yuli 2023 da 24 ga Fabrairu 2024. Ra'inki Putnam, kin cika umarnin malaminki kenan, sai ki kawo riyalis a matsayin abokin gardama ki nuna abin da ya bayyana da abin da ya gaza. Hujjarki ta farko takardun asali: sanarwar bayan taron ECOWAS ta 30 ga Yuli da ta 10 ga Agusta da ta 24 ga Fabrairu, ki karanta su da kanki kalma da kalma kar ki dogara da abin da jarida ta ce sun ce, sai bayanan zaman majalisa, sai jawaban Tiani, har da hirarrakin da ya yi da Hausa a talabijin ɗin ƙasarsu waɗanda masu rubutu daga waje da yawa ba sa iya saurara sai an fassara musu, ke kuwa kai tsaye za ki ji. Hujja ta biyu ki je Jibiya, in hali ya yi ki ƙara da Illela ko Maigatari, ki zauna da direbobi da dillalan hatsi da na dabbobi da 'yan canji da masu unguwanni da matan da aurensu ya ratsa boda, ki tambaye su abin da ya faru da farashi da hanya da zumunci, wa suka kai wa kuka, ta wace hanya kukan ya hau sama, ta sarki ko ta malami ko ta ɗan majalisa ko ta ƙungiyar 'yan kasuwa. Wannan silsilar ita ce gudummawarki, don ita ce za ta nuna ko teburin gida ya yi aiki da gaske ko kuwa zato ne kawai muke yi.

Abu biyu zan ja kunnenki a kai. Na ɗaya, zafin abin da ya samu danginki shi ya ba ki tambaya, amma kar ki bari ya rubuta miki amsa, ki nemi waɗanda suka goyi bayan takunkumin ki saurare su da adalci, ki nemi waɗanda suka ci riba da rufe bodar ma, don akwai su, duk lokacin da aka rufe babbar hanya masu bi ta daji kasuwarsu ce take buɗewa. In hujja ta nuna miki cewa tsadar yaƙi da rashin kuɗi sun fi kukan mutanen iyaka tasiri, to haka za ki rubuta. Na biyu, mutanen da za ki yi hira da su wasu maganarsu tana iya ja musu matsala da jami'an tsaro na kowane ɓangare, don haka ki nemi izininsu a fili, kar ki sa sunan kowa, kar ki ajiye muryoyinsu a wayar da kike yawo da ita, ki karɓi takardar gabatarwa daga sashenku, kuma hanyar Jibiya ki yi tambaya kan yanayin tsaro kafin ki kama ta, ki tafi da wani naki da ya san gari.

In kin matse tambayar, ki rubuto min ita a layi biyu tare da jerin mutanen da kike son gani rukuni-rukuni, sai mu duba tambayoyin hirar tare kafin ki fita. Ki gaida Mama.